Hawa Na Nawa?

Sunansa na gaskiya ya daɗe da ɓacewa a ginin nan. Kowa Sama-da-Ƙasa yake ce masa, daga masu shara har manyan da ke hawa na goma sha biyu, kuma in ka kira shi da wani sunan sai ya waiga ya ga ko da wani kake. Shekara ashirin da shida ya yi yana tuƙa lifta. Tuƙi ne a bakinsa, ko da yake ba sitiyari ba birki. Wani akwatin ƙarfe ne mai cin mutum takwas, da madannai goma sha biyu ban da na ƙasa, da wata 'yar kujera mai naɗewa a jikin bango wadda ba a taɓa ganinsa a kanta ba in dai akwai fasinja. Matarsa, wadda bakinta ba ya raga wa kowa, takan ce da an miƙe tafiyar da mijinta ya yi a tsaye da tuni ya zaga duniya sau biyu, amma ga shi ko bakin titi bai kai ba.

Da baki ya shigo aikin. Mutum ne da aka haifa da son gaisuwa, irin wanda in ya tambaye ka mutanen gida sai ya bi su ɗaya bayan ɗaya. Ranarsa ta farko duk wanda ya sa ƙafa a lifta sai ya yi masa barka da asuba, ya tambayi gajiya, ya tambayi iyali. Wasu suka amsa ta hanci, wasu suka duba agogo, wata mata kuma ta mai da jakarta ɗaya kafaɗar. Dattijon da zai gada, wanda aka ba mako guda ya koya masa aiki, ya bari sai da suka sauko babu kowa. Sannan ya gaya masa cewa madannan nan ko akuya aka nuna wa za ta danna, ba su ne aikin ba. Aikin shi ne ka tsaya da mutum takwas, numfashinsu na dukan ƙeyarka, amma kowa ya fita yana ganin kamar shi kaɗai ya hau.

Ba a rubuta dokokin a ko'ina ba. Takardar da ke manne a bango maganar nauyi da gobara kawai take yi. Amma kowa ya san su, har baƙon da ya zo yau. In ka shiga sai ka juya ka fuskanci ƙofa. Ido yana sama, kan lambobin da ke kunnuwa, kamar ba ka san bayan huɗu biyar ce ke zuwa ba. Mutum biyu za su taho suna ƙyalƙyala dariya, da sun tako ciki sai su ɗinke baki, su riƙe sauran hirar har a buɗe musu a sama. In cikin wani ya yi ƙugi, ba wanda ya ji. In wata ta shigo tana share hawaye, ba wanda ya gani. In babba ya shigo, ƙanana sukan takure ba tare da an ce su takure ba, har a sama masa filin mutum biyu. Shi kuwa mai lifta magana ɗaya ce tasa: hawa na nawa? Ko da mutumin ya shekara goma yana sauka a na bakwai, sai ka tambaye shi. Dattijon ya ce in ka danna ba ka tambaya ba, ka nuna masa kana lura da shi ke nan, kuma mutanen birni sun fi yafe zagi a kan a lura da su.

Ya koya, ya kuma ƙware, har ya zo yana alfahari da abin. Da idonsa ya buɗe sai ya ga ashe garin gaba ɗaya haka yake tafiya. A bas ɗin da yake shiga da safe, cinyarka na gugar ta maƙwabcinka amma kowa taga yake kallo. A layin asibiti haka, a bakin danja haka. Wanda ya yi wa baƙo murmushi ana ɗauka roƙo zai yi ko kuma kansa ba daidai ba. Sai ya daina. Matarsa ta ce ta auri mutum mai surutu an musanya mata da turke, ya ce ai ita tana yi musu su biyu.

Akwai abin da ya gani a shekarunsa na farko wanda bai taɓa barin ransa ba. Masinjan hawa na biyar yana da ɗa, ya yi karatu mai zurfi, aka ɗauke shi aiki a ofishin da uban yake, da teburinsa da kujerarsa. Mutumin kirki ne, in ya haɗu da uban a baranda sai ya rusuna ya karɓi fayilolin da ke hannunsa. Ba wanda ya faɗi wata mummunar magana. Sai dai kafin wata biyu an fara cewa tunda ka tashi miƙo mana wancan, tunda za ka sauka taho mana da ruwa. A lifta, inda Sama-da-Ƙasa yake ganin komai ba tare da ya kalla ba, sa'o'insa sukan bar masa bakin ƙofa, shi ne mai tare ta da hannu har kowa ya fita. Ƙarin girma ya zo ya wuce shi sau uku. Daga baya ya ajiye aikin, ba a ma lura da ranar da ya tafi ba.

'Ya'ya biyar Allah ya ba Sama-da-Ƙasa, amma Auta ce ta ɗauko shi sak, har bakin da ya ajiye. Tana ƙarama takan tsaya a bakin layinsu da yamma ta jira bas ɗinsa, ta ƙwace hular aikinsa ta kifa a kanta, ta sa shi ya ba ta labarin mutanen lifta tun daga titi har tsakar gida. Ita kaɗai yake yi wa kwaikwayon tafiyar manyan hawa na goma sha biyu. Ita kaɗai kuma ta yi karatu har ƙarshe. Da ta nemi aiki ba ta gaya masa inda ta nema ba, sai da takarda ta fito ta ajiye masa a cinya tana dariya. Wani kamfanin inshora ne, a hawa na tara na gininsa. Uwarta ta yi ta murna, ta ce yanzu uba da 'ya za su riƙa zuwa tare suna dawowa tare. Shi ma ya yi murna, amma a ransa ɗan masinja ne ya faɗo masa.

Ranar da ta fara, ya riga ta fita da awa biyu kamar kullum. Wajen ƙarfe takwas saura lifta ta cika, har da shugaban ofishinsu a ciki, sai ga ta da sabon takalmi da jaka, fuskar nan kamar an ba ta kyautar duniya. Ta ɗan rusuna a cikin matsin nan.

"Baba, ina kwana?"

Shirun da ke ciki ya ƙara nauyi. Ya ji idanun mutum bakwai sun sauko daga kan lambobi. Bai kalle ta ba, ya sa yatsa kusa da madannai ya ce, "Hawa na nawa?"

Ta ɗauka wasa ne, ta fara dariya. Da ta ga gefen fuskarsa sai dariyar ta tsaya. Ta ce tara, a hankali, ta juya ta fuskanci ƙofa. Mutane suka ɗauka yarinya ce mai ladabi da ke ce wa kowane dattijo Baba, idanu suka koma sama.

Da yamma ta ƙi cin abinci. Ya zaunar da ita ya ba ta labarin ɗan masinja daga farko har ƙarshe, ya ce ba zai zuba ido a mai da karatunta na ɗauko ruwa ba. Uwarta ta tsaya a ƙofar ɗaki ta yi ta faɗa, ta ce akwatin ƙarfen nan ya cinye masa ƙwaƙwalwa, ina aka taɓa jin uba ya hana 'yarsa gaishe shi. Shi kuwa Auta ya kalla.

"A gida ni ubanki ne. A can ni mai lifta ne, ke kuma ma'aikaciyar hawa na tara. A can ba a magana."

Ta yi kuka, ta ce ita ba ta jin kunyarsa. Ya ce ya sani, shi ya sa ma yake roƙonta. Daga ƙarshe ta bi, don ita Auta duk surutunta ba ta taɓa tsallake maganarsa ba.

Abin takaicin shi ne dabarar ta yi aiki. Da ta lalace da sun watsar sun huta. Ba wanda ya taɓa aiken Auta ɗauko ruwa. Shekara biyu aka ƙara mata girma, bayan uku aka sake, har ta samu ofis mai ƙofa da sunanta a jiki. A lifta ya ga yadda aka fara matsa mata, ya ga ƙananan ma'aikata suna takurewa in ta shigo, zuciyarsa ta yi fari. Mai gadin ƙofa da wata tsohuwa mai shara sun san gaskiyar, amma su ma 'yan gari ne, sun san abin da ba a faɗa.

Da farko yamma takan biya abin da safiya ta ci. Takan dawo gida ta tsaya a gabansa ƙiƙam, ta ɗaure fuska, ta ɗaga ido tana kallon silin, ta ce tara, su yi ta dariya har uwarta ta ce su tashi mata daga nan. Sai ta yi aure, ta koma can ɗaya ƙarshen gari, bas biyu tsakaninsu. Zuwan mako-mako ya koma na wata-wata. Hira ta koma waya, wayar kuma da uwarta ake yi, shi sai dai a ce tana gaishe ka. Kullum yana ganinta sau biyu, ina abin kewa? Haka yake ce wa kansa.

Ƙofar liftar ta ƙarfe ce mai sheƙi, shi yake goge ta da kansa duk safiya, kuma a cikinta yake kallon 'yarsa. A nan ya gane tana da juna biyu, mako uku kafin uwarta ta gaya masa. A nan ya ga lokacin da ta rame da lokacin da ta murmure. Wata safiya ta shigo idanunta sun kumbura, su uku ne kawai a ciki har da wani mai gyaran kwamfuta. Ya tambaye ta hawa na nawa, ta ce tara da muryar da ta dushe, ya kai ta. Ya ce in ta zo gida zai tambaya. Da ta zo bayan mako biyar maganar ta tsufa, kuma har yau bai san abin da ya sa ta kuka ba.

Da matarsa ta rasu ne ya gane girman ɓarnar. Auta ta zo ta yi mako guda a gida, ta yi kuka a kafaɗarsa ranar farko. Amma da mutane suka watse, aka bar su su biyu a falo, sai suka rasa abin cewa. Ashe mai bakin nan ce take riƙe musu hirar duk shekarun nan, ita ce ke ɗauko magana daga wannan ta miƙa wa wancan. Ya ɗaga kai ya ga Auta tana kallon agogon bango, ya duba ya ga shi ma shi yake kallo. Ran Litinin ta shigo lifta da baƙin mayafi, ya tambaye ta, ta ce tara. Baƙin ciki ya kama shi irin wanda bai yi ba ko a bakin kabari, don wannan da hannunsa ya ƙera shi.

Abin da ya rage musu shi ne jikarsa, 'yar Auta, wadda ya sa wa Aku saboda ba ta rufe baki. In an kawo ta gidansa takan hau cinyarsa ta ja masa gemu ta ce ya tsufa ba ta son sa, ya ce shi ma ya fasa, ya sami wata. Ita ma ta gano hular aikin. Idan tana nan falon yakan yi rai, shi da Auta su yi ta magana da ita maimakon juna.

A shekara ta ashirin da shida aka kira shi ofishin masu kula da gini aka miƙa masa takarda. Za a sa sababbin liftoci masu magana da kansu, ƙarshen wata aikinsa ya ƙare. Aka gode masa, aka ce ba a taɓa kawo ƙararsa ba ko sau ɗaya. Aikin bai dame shi ba, ƙafafunsa ma sun daɗe suna neman hutu. Abin da ya tsaya masa a rai daban ne. Daga ƙasa zuwa hawa na tara daƙiƙa arba'in ne, ya sha aunawa. Arba'in da safe, arba'in da yamma. Su ne abin da yake da shi na 'yarsa, kuma su za a karɓe.

Sai ya yanke shawara. Kafin ya tafi zai janye dokar da bakinsa, a cikin liftar, ko wa ke tsaye. Me za a yi mata yanzu? Wa zai aiki mai ofis da ƙofa ɗauko ruwa? Zai kalle ta ido da ido ya ce, Auta, kin tashi lafiya? Ita kuma ta ce Baba, kamar ranar farko, a wuce wurin. Yakan gwada in lifta ta sauko babu kowa, yana faɗa wa ƙofar ƙarfe. Mai gadi ya kama shi yana yi, ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce kalma huɗu ce ake wa atisaye kamar faretin soja? Ya ce masa ya faɗa gobe ya huta. Gobe ta zo lifta ta cika da baƙi. Jibi ta shigo tana waya. Ranar da ta biyo baya shi ne ya ga fuskarta ba walwala, ya ce bari sai ta huce. Haka mako uku suka tafi, har aka zo ranar ƙarshe.

Ya goge ƙofar sau biyu a safiyar nan. Takwas saura kwata mutum biyar suka shiga, har da babban shugaban kamfaninsu Auta da waɗansu baƙi biyu masu kwat da yake ta girmamawa. Ƙofa na shirin rufuwa sai ga Auta da sauri, tana jaye da Aku, don mai rainonta ba ta zo ba kuma babu inda za a bar ta. Yarinyar ta shigo tana kalle-kalle. Ta ga hular, ta ga gemun.

"Kaka!" Ta fizge hannunta ta kama masa riga. "Mama, ga Kaka. Kaka, nan ne gidanka?"

Idanu suka sauko daga kan lambobi, duka. Auta ba ta janye yarinyar ba, ba ta kuma ce ta yi shiru ba. Ta juyo ta kalle shi, shi kansa, ba hotonsa a jikin ƙarfe ba, karo na farko a liftar nan cikin shekara takwas. Ya ga ta gaji, ya ga kuma jira take. Ta bar masa zaɓi, tunda dokar tasa ce. Kalmomin nan huɗu suna bakinsa, ya ji su a kan harshe. Ya ji shugaban ya gyara tsayuwa a bayansa. Ya ji ɗan hannun nan yana jan rigarsa. Ya buɗe baki.

"Hawa na nawa?"

Ɗaya daga cikin baƙin ya yi 'yar dariya, ya ce yara ke nan, duk tsohon da suka gani kakansu ne. Aka yi murmushi, kowa ya samu sauƙi, idanu suka koma sama. Auta ta ɗan ƙara kallonsa kaɗan, sannan ta ce tara. Ta sunkuya ta ɓamɓare yatsun yarinyar daga rigarsa ɗaya bayan ɗaya, ta juyar da ita ta fuskanci ƙofa.

"Yi shiru," ta ce mata a hankali. "A nan ba a magana."

Ya wuni yana hawa yana sauka. Masu shara suka haɗu suka yi masa sallama a bayan matakala, inda ba mai gani. Mai gadi ya tambaye shi ko ya faɗa, ya ce tukuna, akwai yamma. Shi kansa bai yarda da abin da ya ce ba.

Biyar da rabi aka kira lifta daga hawa na tara. Da ƙofa ta buɗe su biyu ne kawai, Auta da Aku, baranda babu kowa. Suka shigo, ƙofa ta rufe. Babu shugaba, babu baƙo, babu wanda zai ji. Ya saurara ko ɗan hannun nan zai sake kama masa riga. A jikin ƙarfen ya hango yarinyar can baya kusa da uwarta, ta haɗe ƙafafu, ta riƙe 'yar jakarta da hannu biyu, ta ɗaga kai tana kallon lambobi. Takwas, bakwai, shida. Leɓɓanta suna motsi tana ƙirgawa, amma ba sauti. Wuni ɗaya ta yi ta iya, abin da shi sai da aka ba shi mako guda. Auta ma sama take kallo. Sai ya ɗaga nasa idon.

Da suka iso ƙasa ya sa hannu ya tare musu ƙofa har suka fita, kamar yadda ake yi wa kowa.